Dutse a Baya, Ruwa a Gaba

Shekarar Zomo. Wata na biyu, ranar sha huɗu, da hantsi

Na auna shinkafa yadda na saba, sai da na zo rabawa na ga ta yi yawa. Hannuna bai san an ragu ba. Na zuba wa Yaya tasa a kwanonsa mai tsagaggen baki, na ɗora tsinkayen cin abincinsa a kwance a kai, na ajiye a bayan murhu don kada ta huce. Baba Mok, dattijon ayarinmu, ya kalli kwanon, ya kalle ni, ya ci gaba da tauna da haƙoran da suka rage masa.

Jan Gemu, Baturen da kamfani ya ɗora a kanmu, ya ba mu jiya da shekaranjiya mu yi tono. Yau da safe ya zo da agogo a hannu. Seto, shugaban ayarinmu, ya fassara mana: hanyar jirgin ƙasa ba ta jiran kowa, a koma huda dutse. Suka ajiye shebur suka ɗauki guduma. Ban ga laifinsu ba. Mun haƙa dusar ƙanƙara har muka daina ganin kan juna, ko katako ɗaya na rumfar da dusar ta zaftaro daga dutse ta binne ba mu taɓa ba.

Su uku ne a ciki: Yaya, da Chun, da tsoho Pak mai son caca. Masu aikin dare ne, barcin rana suke yi. Ni ina bakin ramin dutse lokacin, da gangunan shayi a kafaɗa. Ba zan rubuta sauran ba.

Ranar dai, da yamma

Rigar Yaya ce a jikina. A safiyar ranar da abin ya faru ya tuɓe ta ya jefo mini. Ya ce, "Ungo, ɗan ramamme. Kai za ka fita iska, ni bargo ya ishe ni. Ka ɗiga mini miya a kai ka gani."

Inna ce ta cusa mata auduga kafin mu bar Toishan, gundumarmu. Ba ta taɓa ganin dusar ƙanƙara ba, babu wanda ya taɓa gani a ƙauyenmu. An dai ce mata akwai sanyi a Dutsen Zinariya, ƙasar da Turawa ke kira Amurka, sai ta yi ta cusawa har rigar ta iya tsayawa da kanta. Mun yi ta yi mata dariya. A bakin kwalekwale ta kama hannuna da nasa ta haɗa, ta ce, "Ku biyu na bayar, ku biyu nake so. Ko da ƙafa, ko a cikin tulu."

Tulun ƙashi take nufi, wanda ake ajiyewa a gangaren kakanninmu. Yaya ya ce, "Haba Inna, wace irin sallama ce wannan?"

Wata na biyu, ranar sha shida, da tsakar rana

Yau Yuen ya yi fatali da kwanon. Yuen wan Chun ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Tun ranar nan bai yi magana da kowa ba, sai yau da ya ga ina zubawa.

"Wa kake zuba wa, Lok?"

Na ce, "Ka sani."

"Malamin duba ƙasa! Mai faifan allura! Ya tashi ya duba mana inda ƙanena yake mana, tunda shi ya iya zaɓen wuri." Sai ya sa ƙafa. Kwanon bai fashe ba, ƙara tsagewa kawai ya yi.

Baba Mok ya ce, "Kai Yuen, shinkafa ba ta yi maka laifi ba. Tsince ta."

Bai tsince ba. Ni na tsince, na wanke, na mayar.

Gaskiya ne, Yaya ne ya zaɓi wurin. Babbar rumfa ta yi mana kaɗan, hayaƙi da tari da warin ƙafar Seto, masu aikin dare ba sa samun barci. Da kaka, kafin dusa ta fara, suka ce za su kafa tasu ƙarama. Yaya yana yaro ya yi shekaru yana ɗaukar wa wani malamin duba ƙasa jaka, irin masu zaɓa wa mutane wurin gida da na kabari, ya tsinci abin da ya tsinta, har yana da ɗan faifan allura mai nuna kudu da arewa irin nasu. Ya yi yini guda yana zagaye da shi. Ya dawo fuska sai sheƙi. Dutse a baya, ruwa a gaba, tudu biyu dama da hagu kamar hannuwan kujera. Daga can ƙololuwa kuma wani fili ya miƙo har bayan rumfar, babu itace ko ɗaya a kansa. Ya ce ta nan numfashin dutse ke saukowa, duk wanda ya kwana a bakinsa zai koma gida da arziki.

Har Yuen ya tafa masa a ranar. Na gani da idona, amma ban tuna masa ba.

Ranar sha bakwai, da safe

Dusa.

Ranar sha takwas, da safe

Dusa kuma. Abin da muka haƙa ya cike tas, kamar ba a taɓa sa shebur ba.

Wata na biyu, ranar sha tara, Lahadi, da faɗuwar rana

Ba a aiki ran Lahadi. Da can ranar wanki ce da aski da caca. Yau na aro dogon ƙarfen huda dutse na fita. A ƙarƙashin dusa muke zaune yanzu kamar gafiya, daga rumfa zuwa wurin aiki duk ta rami ake bi, sai da na hau matakalar ƙanƙara kafin na ga sama. Hasken ya kusa makantar da ni.

Ana soka ƙarfen ne, a danna, a saurara da hannu. In ya taɓa dutse hannu ya sani, in katako ne ma ya sani. Akwai wani abu na uku da Baba Mok ya ce hannu zai gane. Ban tambaye shi yadda yake ba.

Yuen yana can gefe da nasa ƙarfen. Ba mu gaisa ba. Ko da mun so, ba a ɗaga murya a gindin gangaren nan, Seto ya hana. An ce ihu na iya taso da abin da ya rage a sama. Don haka mutum biyu suna neman 'yan'uwansu a wuri ɗaya, babu wanda ya kira sunan kowa.

Ni ko an yarda ba zan kira ba. Tun da na buɗe baki ban taɓa faɗin sunansa ba. Yaya ne. Sau ɗaya na gwada ina ƙarami, Inna ta murɗe mini kunne har ya yi kwana biyu yana zafi.

Ƙarfen bai kai ƙasa ba.

Ranar ashirin da biyu, da hantsi

Kifin gishiri ya kusa ƙarewa, keken kaya bai iya hawowa ba. Kabeji busasshe ne safe da yamma. Seto ya ce miyata ta zama ruwan wanke ƙafa. Na ce to ya sa tasa a ciki ko ta yi ɗanɗano. An yi dariya. Ni ma na yi, sai na ji kunya.

Na zuba masa. Tsinkaye a kwance.

Ranar ashirin da huɗu, da yamma

Sama ta washe yau. Na bi ta waje da shayi, na tsaya hutawa a kan tudu, na ga kwarin gaba ɗaya. Duk inda gangare yake da itatuwa, dusa tana zaune lafiya. Duk inda yake da sanƙo daga sama har ƙasa, ta zaftaro. Ba ɗaya ba, ba biyu ba. Ashe ba itatuwa ne suka ƙi fitowa a wuraren ba, sharewa ake yi duk shekara.

Sai na tuna ranar da ake kafa rumfar. Jan Gemu ya zo wucewa a kan alfadarinsa, ya tsaya yana ihu, yana nuna sama, yana kaɗa hannu ƙasa. Seto ya sauka gari sayen kaya, babu mai fassara. Muka ɗauka faɗan katakon kamfani da aka ɗebo yake yi. Tsoho Pak ya kai masa shayi da guntun naman alade, ya rusuna masa har sau uku. Baturen ya yi tsaki ya wuce. Yaya ya ce, "Kun gani? Kowane shaiɗan yana da kuɗinsa."

Na zauna a kan tudun har shayin ya huce. Masu guduma sun zage ni da kyau.

Ranar ashirin da biyar, da safe

Jan Gemu bai sake dawowa da mai fassara ba. Yana da baki, yana da alfadari, yana da kaka guda cur. Ina ta juya wannan a raina, ba ya dafa mini komai.

Ranar ashirin da shida, Lahadi

Soka, danna, zare. Soka, danna, zare. Babu.

Wata na uku, ranar ɗaya, da tsakar rana

Yau ranar sharar kaburbura. A gida yanzu ana hawa gangare da tsintsiya da gasasshen alade, yara na guje-guje tsakanin tuluna, ana yayyafi. Matar Yaya za ta riƙe wa Inna hannu a wurin santsin nan. Ba su san komai ba. Ban aika ba, me zan ce?

A nan Baba Mok ya kafa akwatin albarushi a bakin rumfa, ya kunna turaren tsinke. Yuen ya kawo kwano cike da shinkafa ya soka tsinkaye a tsaye a tsakiya, yadda ake yi wa waɗanda suka tafi. Wani ya yi wa tsoho Pak haka, har da 'yan ƙwayoyin cacarsa a gefe. Suka juyo suna kallona.

Na ce, "Nasa yana bayan murhu."

Baba Mok ya biyo ni ciki. Ya ce, "Ɗana, zauna." Na ce ina da tukunya a wuta. Ya ce, "Ba ta gudu. Ka san mutum ba ya yin kwana ashirin a ƙarƙashin abin nan."

"Na sani, Baba."

"To me kake jira?"

"In gan shi."

Ya daɗe yana sosa gemunsa. Ya ce haka ne, sai an ga mutum. In an gan shi a binne shi a nan da tubali mai sunansa da sunan ƙauyensa. Bayan 'yan shekaru masu tattara ƙashi na ƙungiyar mutanen gundumarmu su zo daga Babban Birni na bakin teku, su tono, su wanke, su jera a akwati, jirgin ruwa ya kai shi gida. Shi kansa ya bi su aikin sau biyu yana da ƙarfi. Ya ce ko ɗan ƙashin yatsa ba a bari.

Na ce, "In ba a gan shi ba fa?"

Ya ce, "Tukunyarka tana ƙonewa."

Ba sai ya faɗa ba, kowane yaro ya sani. Wanda ba a kai gida ba, ba mai zuba masa, ba mai share masa. Yawo zai yi ta yi da yunwa a duwatsun da ko sunansu bai iya faɗa ba. Yaya kuwa ba ya jure yunwa, ko jinkirin abinci aka yi sai ya fara zagin tukunya.

Ranar uku, Lahadi

Babu.

Ranar bakwai, da yamma

Warinsa ya fara barin rigar. Yanzu hayaƙina take yi da kifi. A wuyan ne kaɗai ya rage, in na sunkuyar da kai sosai. Na ɗiga mata miya yau, na tsaya ina jiran a daka mini tsawa.

Ranar goma, Lahadi

Babu. Tafin hannuna ya tsage. Yuen ya jefo mini tsumma bai kalle ni ba.

Wata na uku, ranar sha biyar, da hantsi

Seto ya tara mu kafin a fita. An ce da zarar hanyar keke ta buɗe, ayarinmu zai tsallaka dutse zuwa gabas, a bi kogi ana share wa dogo hanya har hamada. Wasu ayarin ne za su ƙarasa ramin. Ƙarshen wata na huɗu, ko kafin nan.

Yuen ya ce, "Mu bar su ke nan?"

Seto ya ce, "Ni na ce? Ni baki ne kawai, ba ni ke da harshen ba."

"Baki ne mai ci biyu."

Aka riƙe su. Bayan sun fita na tambayi Seto ko mai girki zai iya zama. Ya ce, "Zama a ina, Lok? Rumfar ma kwance ta za a yi, katakon kamfani ne. Me za ka ci, dusa? Ka yi fatan rana ta yi zafi, shi ke nan."

Ban taɓa zaton zan yi wa rana fadanci ba. A gida gudunta muke yi.

Ranar sha bakwai, Lahadi

An yi sabuwar dusa a daren jiya. Ban fita ba. Na kwanta na juya wa bango fuska, suka dafa wa kansu. An ce shinkafar ta yi ɗanye a sama ta ƙone a ƙasa. Babu wanda ya zuba masa.

Ranar ashirin da uku, da tsakar rana

Rufin rami ya fara ɗiga. Ko'ina ɗis, ɗis. Kowa na tsinuwa saboda bargo ya jiƙe, ni kuwa daɗin ƙarar nake ji.

Ranar ashirin da takwas

Ɗis, ɗis. Kan wani dutse ya fito baƙi a gindin gangaren. Na je na duba shi har sau biyu.

Wata na huɗu, ranar biyu, Lahadi, da yamma

Katako. Ƙarfen Yuen ne ya taɓa. Ba inda muke ta soka ba ne, can ƙasa sosai wajen rafi. Ashe duk makonnin nan wurin da rumfar take a da muke huda, ita kuwa an tafi da ita.

Duk ayarin suka fito da shebur, har Seto. Mun sami tsoho Pak kafin rana ta karkata. Yana nan yadda yake, kamar jiya ya kwanta, hannunsa a cikin aljihu. Baba Mok ya ce, "Dubi ja'iri, har yanzu yana tsaron ƙwayoyinsa kada a cuce shi." Aka yi dariya, sai dariyar ta juye. Baba Mok ne ya fara.

Bangon baya ne muka samu. Shimfiɗar Chun tana tsakiya. Ta Yaya tana bakin ƙofa, ya ce yana son ya farka yana kallon ruwa.

Ranar huɗu, da sassafe

Ina tashi kafin kowa in yi tono, in dawo in ɗora tukunya. Da yamma ma haka. Rafin ya buɗe, yana kuka yanzu. Da kaka tsallake shi muke yi da ƙafa ɗaya.

Wata na huɗu, ranar tara, Lahadi, da faɗuwar rana

Chun. Yuen ya hana kowa taɓa shi. Ya share masa fuska da hannu, ya warware masa kitso ya sake kitsawa, yana yi masa faɗa a hankali. "Kai kullum barci. Ba na ce ka dawo babbar rumfa ba? Kunnen ƙashi." Na kawo ruwan ɗumi na ajiye na koma gefe.

Da aka zo maganar inda za a haƙa, ƙasa duk dutse ce ko dusa, sai wuri ɗaya da ya bushe ya yi laushi: daidai inda rumfar take a da. Kowa ya gani.

Baba Mok ya tsaya a wurin, ya dubi baya, ya dubi gaba. Ya ce, "Ni dai na ga kaburbura da yawa. A gida irin wannan wurin masu gonaki ne kaɗai ke samar wa iyayensu. Yaron nan bai yi kuskure wurin karanta ƙasa ba. Dusa ce malaminsa bai koya masa ba, shi ma malamin bai taɓa ganinta ba."

Na jira Yuen ya yi zagi. Sai ya ɗauki shebur ya ce, "A nan. Yayanka ya ce wuri ne mai kyau." Da ni yake, amma ƙasa yake kallo.

Mun sa su biyun kusa da juna, kowa da tubalinsa. Na sa an bar fili a gefen dama.

Ranar sha ɗaya

Mun bi katakon gaba har bakin rafi. A nan ya ƙare. Akwai rabin ƙofa a maƙale a cikin ruwa.

Ranar sha biyu

Na bi rafi ƙasa har inda ya faɗa kwazazzabo. Ba a iya sauka. Abincin rana ya makara.

Ranar sha huɗu

Keken kaya na farko ya hawo. An kawo kifi, da man gyaɗa, da labarin cewa hanya ta buɗe. Kowa na murna da kifin.

Wata na huɗu, ranar sha shida, Lahadi, da yamma

Yuen ya ɗaura igiya a ƙugu ya sauka kwazazzabon, mutum huɗu suna riƙe da shi. Ban roƙe shi ba. Ya daɗe. Ya hawo jiƙe sharkaf, leɓe ya yi shuɗi, ya sa mini abu a hannu. Faifan allurar ne, ya kumbura da ruwa, rubutun ya wanke. A cikin saiwar wani itace ya same shi, tare da yagaggen bargo.

Ya ce, "Daga nan ruwan ƙarƙashin dutse yake shiga, Lok. Na leƙa. Ko kare ba zai bi ba."

Na ce, "Wataƙila ya maƙale a gaba."

"Wataƙila."

Ya zauna kusa da murhu yana karkarwa. Na ba shi shayi. Ya ce, "Na tafa masa ranar nan, ka tuna?" Na ce na tuna. Ya ce, "Me ya sa ba ka faɗa ba da na zubar da kwanon?" Na ce shinkafa nake tsincewa.

Ranar sha takwas

Na zuba. Na zauna ina kallon tsinkayen har ta huce.

Ranar ashirin, da tsakar rana

An sa rana. Ran ashirin da huɗu da safe za mu tashi.

Baba Mok ya same ni ina kankare tukunya. Ya ajiye wani ɗan akwati a gabana, da hannunsa ya haɗa shi daga katakon rumfar. Ya ce akwai abin da ake yi wa wanda teku ta ci ko rami ya rufe. A ɗauki rigarsa, wadda ta san jikinsa, a ɗaura a kan sanda, a je inda aka rabu da shi. Wani na jininsa ya kira shi da cikakken suna, da ƙarfi, ya ce masa ya shigo. Sai a naɗe rigar a sa a akwati, a rubuta suna da ƙauye, keken kaya ya kai Babban Birni, ta bi jirgin ƙasusuwa. A gida a binne ta kamar mutum.

Na ce, "Riga ba ƙashi ba ce. Inna tulu ta ce."

"Inna ɗanta ta ce."

"Ba zai amsa ba, Baba. Ban taɓa kiran sunansa ba, ba zai gane da shi nake ba. In ma ya gane, marina zai yi."

"To ya mare ka, ai sai ya zo kusa." Ya taɓa hannun rigar da ke jikina. "Akwai wata?"

Babu wata. Sauran kayansa suna tare da shi.

Na ce kuma Seto ya hana ihu a gindin gangare. Baba Mok ya ce, "Me ya rage a sama da zai sauko? Ya riga ya ɗauki abin da zai ɗauka."

Ya bar akwatin a nan. Na tura shi ƙarƙashin buhu.

Ranar ashirin da ɗaya

Rafi, sama da ƙasa. Babu.

Ranar ashirin da biyu

An fara kwance rumfa. A fili na yi girki.

Ranar ashirin da uku, Lahadi, da faɗuwar rana

Babu.

Wata na huɗu, ranar ashirin da huɗu, da yamma, a wani zango gabas da dutse

Da gari ya waye na dafa shinkafa ta ƙarshe a wurin. Ana ɗora kaya a kan alfadarai na ɗauki kwanonsa da akwatin na gangara. Ban kira kowa ba, amma da na waiwaya Yuen na biye da ni da sandar da nake ɗaukar shayi da ita, Baba Mok na bayansa yana haki.

Na tuɓe rigar a bakin rafi. Yuen ya ɗaura ta ya ɗaga sama. Iska ta shige ta, hannuwan suka buɗe. Har yanzu tana iya tsayawa da kanta.

Na buɗe baki, "Yaya" ne ya fito. Baba Mok ya ce, "Dutsen nan cike yake da yayyen mutane, ɗana. Wanne kake nufi?"

Sai na faɗa. Da farko ko ni ban ji ba saboda kukan ruwa. Na sake. A na uku har alfadarai suka ɗaga kai a can sama, Jan Gemu ma ya juyo. Ban san akwai murya irin wannan a cikina ba.

"Hom Bing Kwan! Bing Kwan na ƙauyen Gadar Dutse! Ƙanenka ne, Lok! Fito daga ruwan nan, ga rigarka! Inna tana jira! Zo ka tafi gida!"

Babu abin da ya sauko daga sama. Iska ta ɗan lafa, rigar ta kwanta a jikin sanda. Baba Mok ya ce, "Maza naɗe." Na naɗe ta da faifan a ciki. Ba ta so shiga akwatin ba, audugar Inna ta yi yawa, sai da Yuen ya danna da gwiwa.

Na ajiye kwanon a filin da aka bari kusa da Chun. Na soka tsinkayen a tsaye.

Mai keken kaya ɗan gundumarmu ne. Na roƙe shi duk inda za su haye ruwa ya faɗa wa akwatin, kada a bar shi a wancan ƙetaren. Ya ce ya saba, ba shi ne na farko ba. Na ce kuma kada a ɗora masa buhun kifi a kai, ba ya son a ɓata masa riga. Keken ya juya yamma, inda teku take. Mu muka yi gabas.

Hom Bing Kwan. Ban taɓa rubuta shi ba sai yau.

Na auna shinkafar yamma, ta zo daidai. Yuen ya miƙo mini bargonsa, na ce ya bari. Sanyi nake ji sosai.